Me Take Haifa?

A watan Afrilun 2023 kawuna ya zo Kano ganin likitan ido, ya sauka a gidana. Da la'asar sakaliya ya fito shan iska, ya iske ni a ƙofar gida riƙe da tiyo ina ba itatuwana biyu ruwa. Ya tsaya, hannuwa a baya, ya bi ɗaya da kallo tun daga gindi har sama. Jikinta sumul kamar an shafe shi da siminti, can sama ga wani koren wuya mai sheƙi, sannan ganyaye sun bazu kamar gashin jimina.

"Wannan me take haifa?"

"Ba a cin 'ya'yanta, Kawu. Ta ado ce."

"Ganyen fa, ana saƙa da shi?"

"A'a."

Ya dubi ƙasa yana neman inuwarta, ya hango ta can jikin katangar maƙwabci, ba ta fi dardumar sallah ba. Ya dawo da kallonsa kan ruwan da ke kwarara daga tiyo.

"Kullum haka take sha?"

"Da bazara dai kullum."

Ya yi shiru jim, sannan ya ce, "To, Allah Ya raya," da irin muryar da ake sa albarka a auren da dangi ba su so ba.

Bai ƙara tayar da zancen ba har ya koma gida. Ni kuwa tambayar ta zauna mini a rai, domin na san ba ta rashin sani ba ce. Kawu ya fi ni sanin dangin wannan itaciya nesa ba kusa ba. A ƙauyenmu, can ƙasar Dutse, cikin dabino ya girma, ya san lokacin da ake hawa a ɗebo furen namiji a sa wa mace don ta riƙe 'ya'ya. Ya san goruba: yara su gwaguyi 'ya'yanta, mata su saƙa tabarma da faifai da mafici da kabarta, maza su tufka igiya. Ya san giginya, mai azarar da gara ke shakka, mai murucin da ake dafawa a kai kasuwa. A wurinsa duk itaciya mai irin wannan tsayuwa tana da sana'a. Sana'ar tawa ya tambaya, ni kuma na ce masa ba ta da aikin yi sai kwalliya.

Masu sayar da furanni a bakin titi suna ce mata royal, ni kuwa kwakwar sarauta nake kiranta. Duk wanda ya zaga sababbin unguwannin Kano da Kaduna, ko Maitama da Asokoro a Abuja, ya gan ta jere a ƙofar manyan gidaje da otal-otal kamar dogarai. In ta sami ruwa da shekaru takan haura mita 20. Na dasa nawa biyun a 2021, shekarar da na gama ginin gida, ɗaya dama da ƙofa ɗaya hagu.

Tambayar da Kawu ya bar mini ita ce: daidai ne mutum ya riƙa shayar da abin da ba ya ciyar da kowa, ba ya ba kowa inuwa, a garin da ake sayen ruwa da jarka?

Amsar da na fara ba kaina ta kare kai ce, kuma har yau ina ganin da gaskiya a cikinta. Bahaushe bai taɓa zama baƙon ado ba. Kakanninmu sun gina soro, suka ƙara masa zanko da zanen bango waɗanda ba sa tare ruwa ba sa tare rana. Babbar riga mai aska takwas ba ta fi farar riga rufe jiki ba, amma mai ɗinki yakan yi watanni a kanta. Dokin hawan sallah yana cin dawa da harawa shekara zagaye, ba ya noma, don kawai ya yi kwana uku ko huɗu yana taƙama a gaban jama'a, kuma ban taɓa jin an ce sarki ya yi ɓarna ba. Shi kansa Kawu, hular da ke kansa ran nan zanna bukar ce, alhali da ƙyalle ya naɗa ma rana ba za ta same shi ba. In an ce sai abin da ke shiga ciki ne mai amfani, to lalle da turare da waƙa duk sun faɗi, rayuwa ta koma cin tuwo da jiran gobe. Ido ma yana da yunwarsa. Ko a cikin addini, hadisin nan da ke kwaɗaitar da mutum ya dasa ɗan dabinon da ke hannunsa ko da alƙiyama na shirin tsayawa, ya nuna cewa ba jiran 'ya'ya kaɗai ke sa dashe ya zama alheri ba, tunda mai wannan dashen ba zai ga ko ƙwara ɗaya ba.

Wasu abokaina sukan ce laifinta shi ne baƙuwa ce. Wannan hujja ba ta kama ni ba. Darbejiyar da ta rufa wa garuruwanmu asiri, wadda ake ɗaurin aure da zaman makoki a ƙarƙashinta, daga Indiya take, a zamanin Turawa aka kawo ta. Mangwaro ma can ne asalinsa. Ba wanda ke tambayarsu takardar zama. Kuma da na bi asalin kwakwar sarauta sai na sami abin da ban zata ba. A Kyuba, inda ita ce itaciyar ƙasa har tana cikin tambarinsu, tana da sana'a kamar giginya a wurinmu. Mutanen karkara suna rufin ɗaki da ganyenta, suna tsaga jikinta su yi katakon bango, suna naɗe ganyen taba da faffaɗan gindin reshenta, 'ya'yanta kuma abincin aladu ne. Da manomin can zai ji Kawu yana tambaya me take haifa, sai ya kwana yana lissafa masa. Ashe ba a halicce ta 'yar kwalliya ba. Mu ne muka ɗauko ta daga inda take aiki, inda sama ke shayar da ita, muka kawo ta garin da daga Oktoba zuwa Mayu da ƙyar ake ganin ɗigo, muka tsayar da ita a ƙofar gida muka ce ta yi kyau kawai.

Da na kai nan sai tambayar ta bar kan itaciya ta dawo kaina. Me ya sa na dasa ta?

Akwai wani labari daga Birazil da ya taimaka mini wajen faɗa wa kaina gaskiya. A 1808 Yarima Dom João na Fotugal, wanda ya gudo daga yaƙin Nafoliyan da fadarsa gaba ɗaya, ya kafa lambun itatuwa a birnin Riyo. A 1809 aka dasa wata 'yar'uwar kwakwar sarauta a wurin, ita ce uwar irinta a ƙasar, ta rayu har 1972 da tsawa ta faɗa mata. Ana ba da labari cewa da ta fara 'ya'ya, shugaban lambun ya sa a riƙa ƙone irin don kada kowa ya mallake ta sai fada. Bayin da ke aiki a lambun sai su hau da dare su ɗebo, su sayar a ɓoye. Kafin a jima ta cika ƙofofin gidajen attajirai masu gonakin kofi, kowa yana nuna cewa shi ma yana da kusanci da sarauta. Abin da attajiran suka saya da kuɗinsu shi ne matsayi, itaciyar kuma ita ce rasit ɗin da ake gani daga nesa.

Na karanta wannan na yi dariya, daga baya dariyar ta tsaya. Ni ma a ƙofar manya na fara ganinta. Lokacin da nake gini, ina ɗan shekara talatin da ɗoriya, na fara samun aiki daga ƙasashen waje ana biyana da dala, abin da nake so shi ne wanda ya shigo layinmu ya san wani ya iso. Ban sayi ƙanana ba. Na sayi waɗanda sun riga sun fi ni tsawo sau biyu, aka kawo su a bayan babbar mota, ƙarti shida suka sauke. Abin da ya sa hakan ke yiwuwa shi ne yadda saiwarta take. Dangin kwakwa ba su da babbar saiwa guda mai nutsawa, sai dubban siraran jijiyoyi da ke fitowa daga gindi kamar na dawa, in an yanke wasu, sababbi su fito. Don haka ana iya tone babba a nan a dasa ta can. Mai kuɗi yana iya sayen shekaru takwas na haƙurin wani ya kafa a ƙofarsa da hantsi ɗaya. Giginya ba ta yarda da wannan ciniki. Ƙwallonta yakan fara tura tsiro can cikin ƙasa, wanda shi ne murucin da muke ci, kuma in ta kafu ba ta son a taɓa ta. Takan yi shekaru tana ƙasa-ƙasa kafin ta miƙe. Mai shuka giginya ya san jikoki yake yi wa. Ni kuwa gaggawa nake yi, a gan ni tun yanzu.

Duk wannan tunani ne a zaune, bai hana ni barci ba. Abin da ya hana ni barci ya zo bayan shekara guda.

A Nuwamban 2023 aka yi mana haihuwa. Ranar suna aka kafa rumfa a ƙofar gida, ana neman inda za a ɗaure igiya da fitilu. Ni da hannuna na buga ƙusoshi shida a jikin ta dama. Da jajibiri kuma na sa an sare ganyayen ƙasa na dukkansu biyu, har waɗanda ke da sauran kore, don wuyan ya fito sosai a hoto. A Maris na tafi Legas aiki na mako uku. Kwana biyu da tafiyata injin burtsatse ya ƙone. Mai ɗakina, da jaririya a hannu, ta koma sayen ruwa wurin 'yan garuwa, kuma ba ta zuba wa itatuwa ko kofi ɗaya ba. Da ni ne ma haka zan yi.

Na dawo na tarar ta hagu ta yi yaushi amma tana nan, ta dama kuwa ganyenta duk sun sunkuya. Na gyara inji, na yi ta ɗura mata ruwa mako biyu. Da na ga ba canji na kira wani dattijo mai aikin lambu. Ya sa tsani ya hau, ya kama sabon tohon da ke tsakiyar kanta, wanda bai buɗe ba tukuna, ya ja kaɗan. Tohon ya zare kamar an zare kara daga laka, gindinsa baƙi, yana wari. Ya sauko ya shafa ramukan ƙusa, waɗanda suka yi duhu suna tsatsafo da wani ruwa.

"Yallaɓai, wannan ta riga ta tafi. Ba ƙishirwa kaɗai ba ce. Ƙishirwa ta same ta ne da ciwo a jiki."

Daga bakinsa, da abin da na bi na karanta, na koyi abin da ya kamata in sani tun kafin in biya kuɗin mota. Kwakwar sarauta zuciya ɗaya gare ta, wato tohon nan na ƙoli, daga nan duk wani sabon ganye ke fitowa. In ka sare kan darbejiya, da damina ta yi maka rassa goma. In zuciyar kwakwar sarauta ta ruɓe, magana ta ƙare. Kuma jikinta ba ya warkar da rauni. Mangwaro yakan rufe sara da sabon ɓawo, ita kuwa ramin ƙusa yana nan har ta mutu, ƙofa a buɗe ga ƙwari da ruɓa. Tsofaffin ganyayen da na sa aka sare ashe rumbunta ne: in abinci ya yi mata ƙaranci, musamman sinadarin fotashiyam, daga tsohon ganye take janyowa ta ba sabo, shi ya sa yake yin rawaya a hankali. In ya gama bayarwa, da kansa yake faɗowa, ba sai an sa adda ba. Na fasa mata rumbu ana gab da shiga yunwa, don hoto.

Sana'ata rubuta manhaja, kuma na gane sana'ar ta sa mini wani hali da ban lura da shi ba. A wurin aiki muna da ma'ajiyar da ke riƙe kowane canji da muka yi. In na ɓata abu da hantsi, kafin azahar na mayar da shi yadda yake jiya, ba wanda ya sani. Shekara goma ina rayuwa a duniyar da kuskure ke gogewa, har na fara ɗaukar guduma da wannan zuciya. Tun a jami'a an koya mana kada mu gina tsarin da ke da wuri guda wanda in ya lalace komai zai tsaya. Ga shi na ajiye halitta mai irin wannan gini a ƙofata shekara uku ban taɓa tambayar ina zuciyarta take ba. Akwai kuma wata cuta da muka sani a aikinmu: kowa yana son ranar ƙaddamarwa, ranar tafi da hotuna, ba mai son shekaru biyar na gyare-gyaren da ke biye. Manhajoji da yawa ba rashin kyau ke kashe su ba, waɗanda suka haife su ne ke tafiya neman wata ƙaddamarwar. Haka na yi wa itaciyata.

Wannan shi ne haƙƙi na farko, na ita kanta itaciyar. Mun taso muna jin cewa wanda ya ɗaure akuya shi ke da alhakin ciyawarta, don ya hana ta zuwa ta nema. Gorubar da ta fito a daji ba ta bin kowa bashi, kuma ba mai binta. Amma abin da ka ɗauko daga ƙasar ruwa ka kafa a ƙasar fari, wanda ba zai kai damina ba sai da hannunka, ka ɗaure shi ne. Ranar dashe alkawari ka ɗauka, na shekarun da wataƙila sun fi naka tsawo.

Haƙƙi na biyu ya fi nauyi, kuma mai ɗakina ce ta nuna mini shi ba tare da ta yi niyya ba. Mako ukun nan da ruwa ya zama na kuɗi a gidana, gidana ma amsar Kawu ya bayar: ba a zuba wa kwalliya ruwan saye. Ashe abin da ya sa tambayarsa ta yi mini kama da ta ƙauye shi ne ina da inji. Ga yawancin mutanen layinmu, kowace rana irin waɗancan makonni uku ce.

A wannan bazarar rijiyar gidan da ke bayanmu ta ƙafe, rijiyar da suka ce tun da suka tare ba ta taɓa yi musu haka ba. Ban ce ni kaɗai na ƙafar da ita ba, burtsatse bakwai ne a layin. Amma ƙasa ɗaya muke tsotsa, mai dogon bututu yana sha, mai guga yana jin ƙarar ƙasa. Wata yamma ina ba ta hagu ruwa, yaron gidan, bai fi shekara goma ba, ya zo wucewa da jarka a ka, wuyansa yana rawa. Ya dube ni ya ce, "Sannu da aiki, Baba." Da ladabi ya faɗa, ba da wata manufa ba. Na amsa, amma na kasa ɗaga ido.

Daren nan na zauna na yi lissafi, tunda shi na iya. Na auna tiyo da jarka mai lita 25, na ga a kullum ina zuba wa itatuwan nan biyu jarka huɗu, lita 100 ke nan. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa mutum yana buƙatar lita 50 zuwa 100 a rana don sha da girki da wanka da wanki. Wato ruwan mutum ɗaya ko biyu nake zubarwa a ƙofar gida kowace yamma, wata bakwai a shekara, ni da aka hore ni tun ina yaro da kada in yi ɓarnar ruwan alwala ko da a bakin kogi nake.

Bahaushe yana yi wa giginya gori: inuwar giginya, na nesa ka sha ta. Ana faɗa wa mutumin da alherinsa ke tsallake na kusa. Amma giginya ko ba komai a gindinta take zubar da 'ya'ya, kuma ba ta roƙi kowa ruwa ba. Wadda karin maganar ya fi dacewa da ita ita ce tawa. Mai wucewa a mota ya sha kallo, na kusa ya biya da rijiyarsa.

Abin bai tsaya a ƙofar gida ɗaya ba. In gari ya zaɓi abin da zai dasa a bakin titi, ya zaɓi wanda zai yi wa hidima ne. Jerin kwakwa yana burge mai kallo ta gilashin mota. Mai tafiya a ƙasa da azahar ɗin Afrilu, da mai shayi, da ɗalibar da ke jiran Adaidaita, darbejiya suke nema. Birnin Miami Beach a Amurka, wanda duniya ta san shi da hotunan kwakwa, ya amince da wani tsari a 2020 na ƙara dasa itatuwan inuwa har sai dangin kwakwa, waɗanda suka fi rabin itatuwan hukuma a garin, sun koma kashi 25 cikin 100 nan da 2050, saboda zafi. Su da suke da ruwan sama da kuɗi sun fara wannan lissafi. Mu da zafinmu ke haura 40 a ma'auni, muna sare tsofaffin itatuwa don faɗaɗa titi, mu jera masu kwalliya a gurbinsu, in ma an jera.

To, na yi tunanin in sare ta hagu in huta. Na faɗa wa mai ɗakina, ta ce a'a. Na zaci za ta ce gidan zai yi muni. Cewa ta yi, da dare in ta tashi shayar da yarinya, in iska ta kaɗa ganyen, ƙarar takan yi mata kamar yayyafi, ko a tsakiyar bazara, sai ta ji sanyi a ranta. Shekara uku ina ba itaciyar nan ruwa ban taɓa jin wannan ƙara ba. Ni ina kallon masu kallonta ne. A nan na sami ma'aunin da nake amfani da shi yanzu wajen bambance son kyau da son a gani: da a bayan gida take, inda ba mai wucewa, za ka ci gaba da ba ta ruwa? Mai ɗakina za ta ba ta. Ni na 2021 ba zan ba ta ba.

Kuma na gane sarewar ma wata gudu ce, irin ta mai goge aikin da ya ɓata don kada ya riƙa ganinsa. Ni na kawo ta, ba ta yi laifin komai ba. Abin da ya rage shi ne in riƙe ta ba tare da maƙwabci ya biya ba. Dattijon nan ya nuna mini yadda ake yi. Muka yi mata ɗan kwari kewaye da gindi, muka rufe ƙasar da ɓawon gyaɗa da busasshen ganye, ba tare da sun taɓa jikinta ba, don rana ta daina shanye danshi. Aka daina yayyafa mata ruwa kullum, sai sau biyu a mako bayan magariba, a zuba ya nutsa. Ruwan kuma na alwala ne da na wankin shinkafa da kayan miya, wanda da kwata yake bi, muna tara shi a baho. Mai sabulu ba ya zuwa wurinta. Ganyen da ya yi rawaya yana nan har ya faɗo da kansa, ko da baƙi za su zo. Girmanta ya ragu, ganyenta bai kai na da yawa ba. Na yarda da haka.

Na kuma fitar da famfo ta jikin katanga, ana ɗiba safe da yamma. Ba na so in yi wa kaina kirari a kan wannan. Mutanen da da suke da rijiyarsu, ba sa gaishe da kowa kafin su sha ruwa, yanzu suna layi a ƙofar wani suna godiya. Na mayar musu da ruwa, ban mayar musu da rijiya ba, kuma injina yana ƙara jan ƙasar da ta ƙafar da ita. Wannan ya fi ƙarfin gida ɗaya, magana ce ta ruwan famfon gari da ya daina zuwa unguwanni har kowa ya koma haƙa tasa. Amma rashin iya gyara babba bai sauke mini ƙarami ba.

Inda na tsaya ke nan a yau. Ado ba ya buƙatar ya nemi gafara don ba ya haihuwa, kuma ba zan ce wa kowa kada ya dasa abin da ransa ke so ba. Sai dai kowane ado akwai mai biyansa, kuma kafin ka kira motar dashe ya kamata ka san ko wane ne. In kai ne, da haƙurinka da ragowar ruwanka da shekarunka, Allah Ya sa albarka. In yaron bayan gida ne, ko ita kanta itaciyar ranar da ka gaji da ita, to ka ci bashi ne ka rataya a ƙofa. Kawu ya tambayi me take haifa. Da zai ƙara tambaya ta biyu, wa ke biya, da ya gama da ni tun ran nan.

Ramin ta dama ya yi wata biyar a buɗe. Bayan kaka Kawu ya aiko mana da buhun gero, a bakin buhun an ƙulle ƙwallon goruba uku a tsumma, ba saƙo ba wasiƙa. Na jiƙa su kwanaki, na binne a ramin. Ran nan na kira shi muka gaisa, ya tambayi jaririya, ya tambayi aiki, sannan ya ce:

"Doguwar nan tana nan?"

"Ɗaya tana nan, Kawu."

"Ta fara haihuwa?"

Na ji dariyar a muryarsa, na ce tukuna dai.

"Gorubar fa?"

"Ba ta fito ba. Ina ma tunanin in tona in duba ko ta ruɓe."

"Kul. Ka bar ta. Ƙasa take fara yi, sai ta gama da can za ka gan ta."